BABI NA UKU: TARIHIN LITIYAM DA SAURAN MAGUNGUNAN CIWON HAWA-DA-SAUKA

3.0 Gabatarwa

A wannan babi za a bi diddigin magungunan da likitocin ƙwaƙwalwa ke kira masu daidaita yanayin rai, wato waɗanda ake bai wa mai fama da nau'in taɓin hankalin nan da likitoci suka sani da sunan bayifola. Domin sauƙin bayani, za a riƙa kiransa ciwon hawa-da-sauka, saboda mai shi yakan shiga hali biyu masu karo da juna. Wani lokaci yakan zabura: barci ya ƙaurace masa ba tare da ya ji gajiya ba, surutu ya yi yawa, ya riƙa ganin babu kamarsa, ya yi ta facaka da dukiya ko ɗaukar kasadar da bai saba ba. Wani lokaci kuma yakan durƙushe cikin matsanancin baƙin ciki, ya daina cin abinci da sha'awar komai, har ta kai shi ga tunanin halaka kansa. A tsakanin biyun yakan koma garau na watanni ko shekaru, kamar bai taɓa ciwo ba.

Wannan komowa da ciwon ke yi ita ce babbar matsalarsa. Saboda haka maganin da ake nema ba wanda zai kwantar da majinyaci a ranar da ya zabura ba ne kurum, ana son wanda zai hana ciwon dawowa ta kowane ɓangare. Magani na farko da ya cika wannan sharaɗi shi ne litiyam, kuma a kansa mafi yawan bayanin babin zai tsaya. Abin da ake son nunawa shi ne, jinkirin da aka yi kafin a karɓi litiyam, da kuma ja da bayan da ya yi daga baya, ba su da alaƙa da rashin ingancinsa. Abubuwa biyu ne suka fi yanke masa hukunci: ƙanƙantar tazarar da ke tsakanin adadin da ke warkarwa da wanda ke kisa, da kuma kasancewarsa gishirin ƙasa wanda babu kamfanin da zai ce nasa ne.

3.1 Ciwon da Sinadarin Kafin 1949

A shekarar 1854 likitoci biyu na Faransa, Jean-Pierre Falret da Jules Baillarger, kowannensu ya gabatar da bayanin wani ciwo guda da ke juyawa tsakanin zabura da durƙushewa, har suka yi jayayya a kan wanda ya riga wani. Emil Kraepelin na Jamus ne ya ba shi mazauni sosai a bugu na shida na littafinsa a 1899, inda ya raba shi da ciwon da a yau ake kira sikizofiriniya, bisa hujjar cewa mai hawa-da-sauka yakan farfaɗo tsakanin tashi da tashi. Sai dai gano ciwo daban, maganinsa daban. Har zuwa ƙarshen yaƙin duniya na biyu, daga cikin abubuwan da asibitocin masu taɓin hankali suka fi dogara da su akwai kullewa a ɗaki, da magungunan sa barci masu nauyi, da kuma jona lantarki a ka wanda aka fara a birnin Rum a 1938. Dukkansu suna iya sassauta tashin da ake ciki, amma babu wanda ke hana na gaba.

Shi kuwa litiyam, wani matashin masanin sinadarai na ƙasar Suwidin mai suna Johan August Arfwedson ne ya gano shi a 1817 a jikin wani dutse, shi ya sa aka raɗa masa suna daga kalmar Girkanci mai ma'anar dutse. Shi ne ƙarfe mafi rashin nauyi, kuma ɗan gida ɗaya ne da sodiyam, wato sinadarin da ke cikin gishirin miya. Wannan dangantaka tana da muhimmanci ƙwarai, kamar yadda za a gani nan gaba.

Shigarsa fagen magani ta biyo ta wata hanya da ba ta da haɗi da ƙwaƙwalwa. A 1859 likitan nan na Landan, Alfred Baring Garrod, ya ba da shawarar amfani da shi ga ciwon gaɓoɓin da taruwar sinadarin yurik ke haddasawa, domin ya ga ruwan litiyam yana narkar da wannan sinadari a cikin kwalba. Daga nan sai ra'ayi ya bazu tsakanin likitocin zamanin cewa yawan yurik ne tushen cututtuka barkatai, har da na hankali. A kan wannan ra'ayi ne Carl Lange na ƙasar Denmak ya bayyana a 1886 cewa yana bai wa masu baƙin ciki mai zuwa yana komowa haɗin magani mai litiyam, ƙanensa Fritz Lange shi ma ya yi haka a asibitin da yake shugabanta. A Amurka kuma William Hammond ya rubuta a 1871 cewa yana kwantar da masu zabura da wani gishirin litiyam. 'Yan kasuwa ba su bari an bar su a baya ba: aka yi ta sayar da ruwan sha da sunan mai litiyam ne, har lemon 7 Up da ya fito a 1929 an tallata shi a farkonsa da wannan suna. Da bincike ya rushe ra'ayin yurik, sai aka watsar da litiyam tare da shi, aikin 'yan gidan Lange ya shiga kwandon mantuwa har a ƙasarsu. Ke nan sun dace da magani na gaskiya bisa dalili na kuskure, kuma kuskuren ne ya binne maganin fiye da shekara hamsin.

3.2 John Cade da Ɓerayen Masar

An haifi John Cade a 1912 a jihar Biktoriya ta ƙasar Ostareliya, kuma mahaifinsa ma likitan ƙwaƙwalwa ne. A lokacin yaƙin duniya na biyu sojojin Japan sun kama shi sa'ad da Singafo ta faɗi a 1942, ya yi shekara uku da rabi a sansanin fursunoni na Changi. Abin da ya gani a can na yadda yunwa da ƙarancin sinadaran abinci ke taɓa hankalin mutane ya ƙarfafa masa zaton cewa ciwon hankali yana da tushe a cikin jiki. Da ya koma gida ya kama aiki a asibitin tsofaffin sojoji da ke Bundoora, kusa da birnin Melbon, sai ya ɗora bincikensa a kan wani hasashe: wataƙila zabura tana faruwa ne saboda wani sinadari ya yi yawa a jiki, durƙushewa kuma saboda ya yi ƙaranci. In kuwa haka ne, to rarar za ta fita a fitsari.

Kayan aikinsa ba su taka kara sun karya ba. A wani tsohon ɗakin girki na asibitin ya riƙa tara fitsarin majinyata da na masu lafiya yana yi wa ɓerayen Masar allurarsa a ciki. Ya ga kamar fitsarin masu zabura ya fi saurin kashe su. Domin ya gano dalili, sai ya so ya gwada sinadarin yurik, amma yurik ba ya narkewa sosai a ruwa, saboda haka ya nemi nau'insa da ya fi narkewa, wato wanda aka haɗa da litiyam. Ta haka tsohon ra'ayin da aka yi watsi da shi ya sake kawo litiyam ta ƙofar baya. Da ya yi wa dabbobin allurar litiyam shi kaɗai, sai ya lura cewa bayan kamar awa biyu sukan yi lis, har a kwantar da su rigingine su ƙi motsi, alhali ɓeran Masar dabba ce mai tsananin firgita.

A nan ya kamata a tsaya a yi la'akari. Masanan da suka zo daga baya, ciki har da Mogens Schou wanda ya fi kowa kare litiyam, sun yi nuni da cewa wannan lis da dabbobin suka yi ya fi kama da alamar guba fiye da natsuwa. Haka kuma ba a taɓa samun sinadarin da Cade yake nema a fitsari ba. Saboda haka akan ce sa'a ce kawai ta gamu da shi. A ganin mai wannan bincike, sa'ar gaskiya ce, amma ba ita kaɗai ba ce, domin matakin da ya ɗauka bayan haka na mai lura ne da tsantseni: ya fara shan maganin da kansa na wani lokaci don ya ga ko zai cutar da shi, sa'annan ya gwada shi a kan rukunin majinyata daban-daban domin ya ga wanda zai amfana.

Majinyacinsa na farko, wanda ya ambata da haruffan W.B., mutum ne mai shekara 51 da ya shafe shekara biyar a cikin zabura ba sassauci, har ma'aikata na ɗaukarsa a matsayin wanda ya fi kowa wahalarwa a ɗakin. An fara ba shi litiyam ranar 29 ga Maris, 1948. Cikin mako uku ya natsu har aka mayar da shi ɗakin masu samun sauƙi, a watan Yuli kuma aka sallame shi ya koma bakin aikinsa. Ranar 3 ga Satumba, 1949, Cade ya buga sakamakonsa a mujallar likitocin Ostareliya: masu zabura goma, masu sikizofiriniya shida, da masu daɗaɗɗen baƙin ciki uku. Dukkan goman sun sami sauƙi a fili. Shidan sun rage hayaniya amma ruɗunsu yana nan, ukun kuwa babu abin da ya canza. Wannan bambanci shi ne ƙashin bayan maƙalar, domin ya nuna cewa litiyam ba maganin sa barci ba ne da ke kwantar da kowa, yana da ciwon da ya nufa.

3.3 Tsakanin Magani da Guba

Maƙalar Cade ta fito a shekarar da ba ta dace ba. A ƙarshen shekarun 1940 an riƙa sayar da wani gishirin litiyam a Amurka a madadin gishirin miya ga masu ciwon zuciya da hawan jini waɗanda likita ya hana su cin gishiri. Da wuya a sami mutanen da litiyam zai fi cutarwa kamar waɗannan. Dalili kuwa shi ne ƙoda ce ke fitar da kusan dukkan litiyam daga jiki, kuma tana mu'amala da shi kusan yadda take yi da sodiyam. Idan jiki ya rasa gishiri ko ruwa, ƙoda takan riƙe sodiyam, sai ta riƙe litiyam tare da shi, ya yi ta taruwa a jini. Mutane suka riƙa barbaɗa shi a abinci ba awo, wasu suka kamu da karkarwa da ruɗewa, wasu suka mutu. A farkon 1949 hukumar kula da abinci da magunguna ta Amurka ta sa aka janye shi daga kasuwa. Watanni kaɗan bayan haka sai ga wani likita da ba a san shi ba, daga wata ƙasa mai nisa, yana cewa wannan gubar magani ce.

A Ostareliya ma ba a tsira ba. W.B. ya daina shan maganinsa bayan 'yan watanni, ciwon ya dawo, aka mayar da shi asibiti aka ci gaba da ba shi, kuma a watan Mayu na 1950 ya rasu sakamakon gubar litiyam. An sami wasu mace-macen a hannun wasu likitocin ƙasar. Cade ba ya auna adadin maganin a jini, alamomin jiki yake dubawa, su kuwa sukan bayyana ne bayan aikin gama ya gama. Abin ya girgiza shi, har ya ja jiki daga maganin na tsawon shekaru.

Waɗanda suka ceci litiyam a wannan gaɓa ba a cika ambatonsu ba. Edward Trautner, masanin aikin jiki ɗan gudun hijira daga Jamus da ke Jami'ar Melbon, tare da likita Charles Noack, sun yi amfani da wata sabuwar na'ura da ke auna yawan sinadari ta hanyar hasken da yake bayarwa idan aka fesa shi a harshen wuta. A 1951 suka buga rahoton majinyata sama da ɗari, suka nuna cewa ana iya ba da litiyam lafiya muddin ana bin adadinsa a jini. Daga wannan tushe ne aka kai ga ƙa'idar da ake bi a yau: ana son adadin ya tsaya tsakanin kimanin 0.6 da 1.0 na ma'aunin milimol a kowace lita, ana ɗibar jinin awa 12 bayan shan ƙwayar ƙarshe, idan kuma ya haura 1.5 an shiga haɗari. Ke nan adadin da ke sa guba bai kai ninki biyu na babban adadin da ke warkarwa ba. Magunguna kaɗan ne ake sha kullum na shekaru da irin wannan ƙunci, kuma tun daga 1951 litiyam bai sake rabuwa da ɗakin gwajin jini ba.

3.4 Mogens Schou da Taƙaddamar Riga-kafi

Daga Ostareliya labarin ya koma Denmak, ƙasar 'yan gidan Lange. Farfesa Erik Strömgren na asibitin Risskov, kusa da birnin Aarhus, shi ne ya nuna wa wani matashin likita mai suna Mogens Schou rahotannin Ostareliya. Schou ya ga cewa rahotannin suna da rauni ɗaya: likita ya san abin da ya bayar, majinyaci ya san abin da ya sha, ga shi kuma zabura takan lafa da kanta. Saboda haka ya shirya gwajin da a wani ɓangarensa ake jefa kwabo domin a zaɓi wanda zai sha litiyam da wanda zai sha ƙwayar bogi mai kama da shi, ba tare da majinyaci ko mai duba shi ya sani ba. An buga sakamakon a 1954, kuma yana daga cikin gwaje-gwajen farko irinsa a fannin likitancin ƙwaƙwalwa. Cikin majinyata 38, an ga amfani bayyananne ga 14, ana kyautata zaton amfani ga 18, shida kuwa bai yi musu komai ba.

Duk da haka duniya ba ta waiwayo ba, domin a 1952 an fara amfani da kulofuromazin a birnin Faris, wanda ke kwantar da mai zabura cikin sauri, ba ya bukatar awon jini, kuma yana da kamfanoni masu tallata shi. Da a ce aikin litiyam ya tsaya ga kwantar da zabura, da wataƙila ya ɓace a nan.

Abin da ya canza al'amarin shi ne lurar da likitoci biyu suka yi kowa a wurinsa, G. P. Hartigan a Ingila da Poul Christian Baastrup a Denmak: majinyatan da suka ci gaba da shan litiyam bayan sun warke ba sa komawa zabura, kuma abin mamaki ba sa komawa durƙushewa. A 1967 Baastrup da Schou suka buga nazarin mata 88 da aka bi na tsawon shekara shida da rabi. Kafin litiyam ciwon yakan tashi kusan sau ɗaya a wata takwas, da litiyam kuwa sai ya koma sau ɗaya a wata 60 zuwa 85. A nan ne aka haifi tunanin maganin da ke daidaita yanayin rai, tun kafin sunan ya yaɗu.

A 1968 Barry Blackwell da Michael Shepherd na asibitin Maudsley da ke Landan suka mayar da martani mai zafi a mujallar Lancet, suna tambaya ko wannan riga-kafi ba wata tatsuniya ba ce. Hujjojinsu ba na banza ba ne. Sun ce an zaɓi matan ne saboda ciwonsu ya yawaita a 'yan shekarun baya, kuma wanda aka ɗauka a lokacin da ciwonsa ya fi tsanani, akwai yiwuwar ya sassauta ko ba magani. Sun ce babu rukunin ƙwayar bogi da za a kwatanta da shi, kuma masu binciken sun riga sun yi imani da maganin. Taƙaddamar ta wuce ta ilimi ta taɓa mutunci, domin an san cewa ƙanen Schou ya yi shekaru yana fama da baƙin ciki mai komowa kuma ya sami lafiya da litiyam, sai aka riƙa nuna cewa wannan ne ya rufe wa yayan ido.

Schou ya tsinci kansa tsakanin abu biyu masu nauyi. In ya ƙi yin gwajin da ake nema, likitocin duniya ba za su yarda ba, dubban majinyata su rasa maganin. In kuma ya yi, dole ya cire maganin daga bakin mutanen da ya yi imani shi ke riƙe da su, alhali wasunsu na iya halaka kansu. Mafitar da suka samu shi da Baastrup ita ce gwajin da za a tsayar da zarar lissafi ya nuna bambanci, kuma duk wadda ciwonta ya motsa a mayar da ita kan litiyam nan take. Mata 84 da suka daɗe a kan maganin aka raba biyu a ɓoye. Cikin wata biyar, 21 daga cikin 39 da aka mayar kan ƙwayar bogi ciwonsu ya tashi, daga cikin 45 da suka ci gaba da litiyam kuwa ko ɗaya. An buga wannan a Lancet a 1970, gwajin Alec Coppen a Ingila a 1971 da na Robert Prien a Amurka a 1973 suka mara masa baya.

Sai dai adalci ya sa a faɗi cewa masu suka ba su tashi a tutar babu ba. Bincike a farkon shekarun 1990 ya nuna cewa yanke litiyam farat ɗaya shi kansa yana tayar da zabura, kuma a 1995 Joanna Moncrieff ta kafa hujja da wannan ta ce gwajin 1970 ya kambama amfanin maganin. Da John Geddes da abokan aikinsa suka tattara gwaje-gwaje biyar a 2004, sun sami ciwon ya dawo ga kimanin kashi 60 cikin ɗari na masu ƙwayar bogi da kashi 40 na masu litiyam. Amfanin tabbatacce ne, ya fi ƙarfi wajen hana zabura fiye da durƙushewa, amma bai kai yadda alƙaluman farko suka nuna ba.

3.5 Maganin da Ba Shi da Uban Gida

Faransa ta yi wa litiyam rajista a 1961, Ingila a 1966, Jamus ta Yamma a 1967. Amurka ba ta amince da shi ba sai a 1970, shekara 21 bayan maƙalar Cade, kuma bayan matsin lamba daga likitoci irin su Samuel Gershon, wanda ya taso daga Melbon, da Ronald Fieve na birnin Niyok. Tsoron abin da ya faru a 1949 yana daga cikin dalilai. Ɗaya dalilin shi ne na kasuwa: ba a yi wa gishirin da ake haƙowa daga ƙasa rajistar haƙƙin mallaka, saboda haka babu kamfanin da zai zuba kuɗi a gwaji da talla domin wani ya zo ya sayar da irinsa a kan kwabo.

Magungunan da suka biyo baya daga fagen farfaɗiya suka fito. Likitocin Japan ne suka fara ba da rahoton amfanin kabamazafin ga masu zabura a farkon shekarun 1970. Balfurowet kuwa an haɗa shi tun 1882, aka yi shekara tamanin ana amfani da shi wajen narkar da wasu sinadarai kafin a gane a Faransa, a farkon shekarun 1960, cewa shi kansa yana hana farfaɗiya. A 1966 P. A. Lambert ya ba da rahoton amfanin wani nau'insa ga masu hawa-da-sauka. Bayan gwajin Charles Bowden na 1994, Amurka ta amince da nau'insa mai suna Depakote na kamfanin Abbott domin zabura a 1995. Lamotirijin ya sami amincewa a 2003, kuma ƙarfinsa ya fi karkata ga hana durƙushewa. Daga shekarar 2000 kuma sababbin magungunan ruɗewar hankali irin su olanzafin suka shigo fagen. Masanin tarihin magunguna David Healy ya yi nuni da cewa ita kanta kalmar mai daidaita yanayin rai ba ta yawaita a rubuce-rubucen likitoci ba sai daga 1995, wato lokacin da aka sami hajar da ake son sayarwa da wannan suna.

Sakamakon ya bayyana a takardun likitoci. Wani nazari da aka buga a 2020 ya nuna cewa a Amurka rubuta litiyam ga masu wannan ciwo da ke zuwa asibiti su koma gida ya sauka daga kimanin kashi 30 cikin ɗari a shekarun 1997 zuwa 2000, ya koma ƙasa da kashi 18 a shekarun 2013 zuwa 2016. Ba za a ɗora wannan duka a kan talla ba. Litiyam yana sa karkarwar hannu da ƙishirwa da yawan fitsari, yana iya rage aikin halittar nan ta wuya da kan kumbura ta zama maƙoƙo, kuma bayan shekaru yana iya raunana ƙoda. Likitan da ke da majinyata da yawa da lokaci kaɗan zai fi son ƙwayar da ba ta bukatar a riƙa bin ta da allurar ɗibar jini.

Abin lura shi ne, a daidai lokacin da amfani da shi ke raguwa, hujjojin da ke goyon bayansa ƙaruwa suke yi. A gwajin BALANCE da aka buga a 2010, wanda ya bi majinyata 330 har tsawon shekara biyu, ciwon ya motsa ga kashi 69 cikin ɗari na masu shan balfurowet kaɗai, kashi 59 na masu litiyam kaɗai, da kashi 54 na masu haɗa biyun. A 2013 Andrea Cipriani da abokan aikinsa suka tattara gwaje-gwaje 48 suka sami cewa litiyam yana rage kisan kai idan aka kwatanta da ƙwayar bogi, ko da yake wani babban gwaji a kan tsofaffin sojojin Amurka da aka buga bayan haka bai ga wannan kariya ba. Ta fuskar juna biyu ma ma'auni ya juya. A shekarun 1970 an tsorata ƙwarai da cewa litiyam yana lalata zuciyar ɗan tayi, amma nazarin 2017 ya nuna haɗarin yana nan sai dai bai kai yadda aka zata ba. Balfurowet kuwa, wanda aka karɓa a matsayin mai sauƙin sha'ani, an tabbatar yana jawo nakasa ga kimanin jariri ɗaya cikin goma da aka yi cikinsu ana shan sa, da matsalar girman ƙwaƙwalwa ga kashi 30 zuwa 40 cikin ɗari, har hukumomin Turai suka ƙuntata bai wa mata masu shekarun haihuwa shi a 2018.

Litiyam yana cikin jerin muhimman magunguna na Hukumar Lafiya ta Duniya, kuma ƙwayarsa tana daga cikin mafi araha. Amma arahar ƙwaya ba ta wadatar, domin ƙa'idar aikinsa ta tanadi a auna jini kimanin mako guda bayan farawa ko canza adadi, sa'annan duk bayan wata uku zuwa shida, tare da duba ƙoda da halittar wuya. A ƙasashe masu zafi irin namu bukatar ta fi tsanani, saboda gumi mai yawa, da gudawa ko amai, da doguwar ƙishirwa, duk suna rage ruwa da gishirin jiki kamar yadda ya faru ga masu ciwon zuciyar Amurka a 1949. Haka nan magungunan ciwon jiki irin su ibufurofen da dikulofenak, waɗanda ake saye a kemis ba takardar likita, suna hana ƙoda fitar da shi. Inda babu ɗakin gwajin da zai auna litiyam, likita ba shi da zaɓi face ya koma ga kabamazafin ko balfurowet ko magungunan ruɗewar hankali, ko da kuwa wadda ke zaune a gabansa matar aure ce mai shekara ashirin da biyar.